Kwaɗon da Ka Sa wa Rijiyar Kaka

Zuwa ga yayana, Malam Lawal,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kai da iyali. Na rubuta wannan a inda kowa zai karanta saboda ka daina ɗaga wayata, kuma abin da na yi maka a bainar jama'a na yi shi.

Tun muna yara muke kiranka Malam Me-ya-sa. Ka je jami'a ka karanta falsafa, ka dawo kana koyar da ita, har yau Inna ba ta gane aikin me kake yi ba. Rubuce-rubucenka duk a kan abu ɗaya ne: wa ake yi wa allura ba a yi masa bayani ba, me ya sa annoba take tsallake gidan mai rijiyar burtsatse ta faɗa wa talaka. Ni tela ne. Takardun da kake ba ni in karanta, da su nake fitar da wuyan riga.

Daminar da amai da gudawa ya shigo unguwarmu Kwarbai, ka ɗebi ruwan rijiyar Kaka a kwalba ka kai aka auna. Ka dawo ka ce masan maƙwabta yana tsiyaya a ciki. Rijiyar da kakanmu ya haƙa sadaka, wadda ba a raɗa wa jariri suna a layinmu sai an yi masa wanka da ruwanta. Ma'aikatan lafiya suka ce a rufe kawai. Ka ce musu hana mutane ruwa ba tare da an ba su wani ba zalunci ne. Ka sa 'yan garuwa suka jera jarkoki a ƙofar gida, ka bi zaure-zaure kana bayani. Sannan ka rufe rijiyar ka sa mata kwaɗo.

Ni kuwa zuciya ta ɗebe ni. Bayan La'asar na tsaya a bakin masallaci na ce boko ya cinye ka, ka mayar da sadakar Kaka najasa.

Kafin ka ankara lungu ya cika. Ka tsaya jikin murfin rijiyar ka ware hannuwa, kana cewa, ku saurare ni minti ɗaya. Wani ya fisge rigarka, wani ya jefe ka da bulo a kafaɗa. Ka faɗi, aka yi ta tattaka ka cikin taɓo. Guduma tana hannuna, don fasa kwaɗon na ɗauko ta. Ka miƙe ka riƙe min hannu, na fisge na kai maka duka a fuska. Na ji ƙarar ƙashi. Jini ya jiƙa min riga, ban tsaya ba. Na fasa kwaɗon, na ja guga na sha a gaban kowa, aka yi kabbara. Na cika tulu na kai wa iyalina.

Kwana uku 'yata Hafsatu ta yi tana amai da gudawa. Shekararta huɗu. Ni da na sha har na jiƙa gemu, ko ciwon ciki ban yi ba. Lokacin da muke kai ta makwanci, kana asibiti ana cire maka idon hagu.

'Yan sanda sun tambaye ka wanda ya buge ka, ka ce taro ne, ba ka gani ba. Ka gan ni, Yaya. Ka kwashe iyalinka ka bar Zariya ba ka faɗa wa kowa ba. Kowace safiya Inna tana tsine wa wanda ya nakasa mata ɗa, ina gefe ina cewa amin.

Na gaji. Ina kewarka, har da surutunka da nake gudu. Shekaranjiya na durƙusa na gaya wa Inna komai. Ba ta yi kuka ba. Ta ce in fita mata daga ɗaki, kada in sake tako shi sai tare da kai. Ga ta ta tsufa, ga ciwon ƙafa, ina jin tarinta ta katanga ba ni da ikon miƙa mata ruwa.

Ban ce ka yafe min ba, ban kai nan ba. Ka zo ka shiga gaba, in bi bayanka.

Allah Ya jiƙan Hafsatu, Ya kare maka idon da na bar maka, Ya ba Inna tsawon ran da za ta gan mu a ƙofarta mu biyu.

Ƙaninka da ya buge ka,
Sani