Ƙofar da ke Kallon Gidan Yaya

Litinin, 3 ga Maris
Lauya ya kira. Wai babbar kotu ta umarci ƙananan kotuna su daina jan ƙafa, duk buƙatar da ke jibge a saurare ta. Har da tawa, ta a janye umarnin da ya tsayar mini da gini tun da Yaya ya kai ƙara, wai katangata ta ci masa fili a gadon Baba. Na ce to. Na sha jin "an ɗage" har ya daina yi mini zafi.

Alhamis, 6 ga Maris
Da na tashi daga makaranta na bi ta kangon. Gwandar da ta tsiro a tsakiyar falona ta wuce tagogi, har da 'ya'ya. Na zauna kan bulo ina jera kujeru a raina, ga labule ruwan toka, ga ruwan sama na dukan kwanon da ba a kafa ba. Ƙofar gefe mai kallon gidan Yaya, ita zan fara toshewa.

Talata, 11 ga Maris
An sa rana, mako mai zuwa. Ashe sun iya sauri.

Laraba, 19 ga Maris
Bencin nan dai na barandar kotu. Shekarun nan, nan kaɗai nake ganin Yaya. Ba ma gaisawa, amma kullum sai ya matsa ya bar mini wajen inuwa, kamar ba da gangan ba. Furfura ta cinye masa gemu. Yana murza hula a gwiwa yadda Baba ke yi. Magatakarda ya kira mu tun ban gama kallonsa ba, sai na ji haushi, ban san na mene ne ba.

Litinin, 24 ga Maris
An janye umarnin, an kori ƙarar baki ɗaya. Lauya sai washe baki yake, "Malama, kin huta da zaryar kotu." A matakala Yaya ya tsaya, bai ko juyo ba. "Gwandarki ta nuna, Auta. Tsuntsaye na sha." Ya wuce. Ashe yana leƙawa. Tun rasuwar Baba ba wanda ya ƙara ce mini Auta.

Alhamis, 27 ga Maris
Ba sauran ranar kotu. To a ina zan ƙara ganinsa? Ina jin haushinsa har gobe, amma wallahi kewarsa nake.

Asabar, 5 ga Afrilu
Magini ya iso da siminti. "Malama, ƙofar gefen nan, yau za a toshe?" Na ce ya bari tukuna, falon zai so iska. Ya dube ni, ya dubi manyan tagogin, ya koma sauke siminti. Na tsinko gwanda biyu, na ajiye ɗaya a bakin ƙofar, ta wajen su Yaya. Hannu ɗaya ne da ni, ɗayan na riƙe da jaka, shi ya sa.