Abu Ɗaya Mai Siffa Uku

Yaya,

Gaisuwa mai yawa. Ya ƙafar Inna? Ya yara? Ni lafiya lau, alhamdulillahi.

Tsohon da nake jinya a nan malamin Turanci ne a da. Ya manta sunayen 'ya'yansa, amma kalmomi suna nan daram a kansa. Jiya ina yanke masa farce sai ya ce, "Triform." Na ce, "Malam, mene ne kuma wannan?" Ya ce abu ɗaya mai siffa uku, kamar wata: jinjiri, cikakke, da mai ƙarewa. Wai ko masu harshen ba kasafai suke faɗin ta ba.

Maganar ta tsaya mini a rai, domin ni ma uku ce. Akwai mai jinyar uban wasu. Akwai mai murmushi a hoton da na aiko. Ta ukun kuwa, bari kawai, Allah ya san da ita.

Don Allah ki riƙa yanke wa Inna farce a hankali, na babban yatsanta yana shiga nama. Hoton za ki nuna mata, ban da wasiƙar nan.

Ƙanwarki.