Ya Ƙafar Da Rijiyar Kakanmu, Gari Na Sa Masa Albarka

Salama gare ku 'yan'uwa. Admin a sakaya sunana. Don Allah ku ba ni shawara tun zuciya ba ta kai ni ta baro ba.

Kakan kakana maginin rijiya ne, ya taso daga Birnin Kudu ya sauka a wani ƙauye kusa da Maruta, tun Bature bai zo ƙasar nan ba. Lokacin sai an je rafi ake shan ruwa. Wani mai gonaki ya ce ya haƙa wa gari rijiya a bakin gonarsa, shi kuma ya ba shi gonar ya noma, shi da zuri'arsa, muddin rijiyar tana ba da ruwa. Aka shafa fatiha gaban liman, shi ke nan. Mu muke yashe ta duk rani, ina ɗan shekara goma Baba ya fara zura ni ciki.

Bara sai ga jikan gidan mai gonakin nan, zan kira shi Alhaji, wai zai yi sadakar rijiyar burtsatse mai sola. Duk faɗin garin nan bai ga wuri ba sai gindin tamu! Ni sakarai har da taya su ɗaukar bulo. Kafin damina ta faɗi rijiyarmu ta ƙafe ƙaf, guga sai laka. Sai ga saƙo, wai sharaɗi ya faɗi, in kaka ta yi in ɗebe gerona in ba shi gonarsa. Wallahi ya san abin da yake yi.

Maigari ya ce kar a je kotu, aka zauna sulhu a zaurensa da liman da dattawa. Na ce ko alƙawari ya halatta wa mutum ya kashe sharaɗi da hannunsa? Alhaji ya ce shi ruwa ya kawo, ƙafewa ta Allah ce. Butar da ke gabansu ma ruwan famfonsa ne a ciki, to wa zai ce masa kul? Suka yanke a raba gonar biyu, ni in ɗauki ɓangaren rijiyarmu. Ranar Juma'a za mu yi musabaha.

Na ga wani lauya a Birnin Kudu, ya ce tunda famfon cikin gonar da ake rigima yake, zai iya neman a rufe shi har a gama shari'a, ko shekara nawa ne. Ba zan ɓoye muku ba, shi raina ke so. A fasa kowa ya rasa, masu sa masa albarka su koma rafi, ya ji yadda ake tsine wa mutum a garinsu.

Sai dai Inna, mahaifiyata, gwiwarta ta daina jan guga tuntuni. Jiya na tarar da ita ta taro 'yar butarta a famfon da kanta, tana murna ba ta roƙi kowa ba. Da ta hango ni sai ta ɓoye butar a bayan zani.

In miƙa masa hannu ranar Juma'a, ko in sa a rufe?