Muryata a Minti na Uku na Waƙar Alonzo

Litinin, 1 ga Maris, 2004

Wasiƙa ta iso daga kamfanin faifai. A watan Yuni waƙar ɗana marigayi Alonzo za ta cika shekara goma da fitowa, suna son su gyara sautinta su sake buga ta. Tunda ni ne wakilin abin da ya bari, sai da sa hannuna. A sakin layi na uku sun yi tambaya cikin ladabi: ina so a bar muryar da ke minti na uku yadda take, ko a cire ta?

Muryar tawa ce.

A watan Mayu na 1993, shi da abokinsa Dewayne suna naɗar waƙar a garejinmu, ni kuwa ina ɗakin sama ina duba takardun jarrabawar Latin na ɗalibaina. Ƙarar ta ishe ni. Na buɗe taga na ce, "Alonzo! Akwai mutane a gidan nan da ke aiki!" Na'urarsu ta ɗauka, ba su goge ba. Waƙar ta fito a Yunin 1994. A Nuwamba babbar mota ta bi ta kan motarsa a hanyar dawowa gida Long Beach. Shekararsa ashirin da uku.

Na rubuta "a cire" da fensir a gefen takardar. Sun ba ni zuwa biyar ga Afrilu.

Alhamis, 4 ga Maris

Matata Odessa ta ga rubutun fensirin. Ta tsaya da kofin shayi a hannu ta karanta sau biyu.

"Farfesa," ta ce. Ba ta kirana haka sai za ta yi mini faɗa. "Shekara talatin kana bin rubutun 'ya'yan mutane da jan biro. Yanzu kuma kan naka ka juyo?"

Na ce ba aikinsa nake gyarawa ba, nawa kuskuren nake ɗaukewa daga ciki.

"Shi ya ce maka kuskure ne?"

Bai ce ba. Ba mu taɓa yin zancen ba, ni da shi. Wata biyar muka yi a gida ɗaya waƙar tana fitowa daga kowace motar da ta wuce ƙofarmu, muna miƙa wa juna gishiri a tebur, ba wanda ya ambata.

Asabar, 13 ga Maris

Shagon aski. Ina sa ƙafa Purvis mai askin ya ɗaga almakashi sama ya ce wa masu jira, "Ku yi shiru, jama'a, akwai mutane a shagon nan da ke aiki!" Aka yi dariya. Shekara goma ke nan yana yi mini wannan, shekara goma ina murmushin da ya dace.

Ba da mugunta yake yi ba, wannan na sani. Waƙar ta zama tasu. Ana sa ta a wurin gashin nama a filin shaƙatawa, ana sa ta a biki, ana sa ta ranar Lahadi da yamma idan samari suka jera tsofaffin motocinsu masu jan ciki a ƙasa suna tafiya kamar ba su da inda za su. An ce idan aka zo minti na uku, mai sa faifai yakan rage sauti gaba ɗaya, taron ya faɗi maganata da murya ɗaya, sannan kiɗan ya dawo. Wani mai jira, ban san sunansa ba, ya ce 'yarsa soja ce a Japan, ta rubuto masa cewa ta ji yaran can suna faɗarta, ba su ma san ma'anarta ba.

"Dokta, ka fi mu zuwa nesa, kana zaune a ɗaki," in ji Purvis.

Ban gaya musu cewa ban taɓa jin waƙar daga farkonta zuwa ƙarshenta ba. Na san ta guntu-guntu, ta bango da tagar mota: kiɗa mai nauyi da ba ya sauri, wani siririn sauti a sama kamar fito, da muryarsa a kwance, kamar yana magana da wanda ke kusa.

Lahadi, 14 ga Maris

Coci. Na karanta nassin safe. Muryata ba ta yi rawa ba, na gode wa Allah.

Laraba, 24 ga Maris

Wata tsohuwar abokiyar aiki ta aiko mini da maƙala daga wata mujallar jami'a, shafi goma sha tara a kan waƙar. Marubucin ya yi kuskure uku. Ya ce a birnin Compton aka naɗe ta, alhali a garejinmu ne. Ya ce ɗana bai gama sakandare ba, alhali ya yi shekara biyu a jami'a kafin ya bari. Ya kuma rubuta cewa ya mutu "kamar yadda samarin zamaninsa suka mutu", wato yana nufin bindiga, bai damu ya bincika ba.

Waɗannan zan iya rubuta wa edita a kansu. Abin da ba zan iya gyarawa ba yana shafi na goma sha ɗaya. A can ya ce muryar uban ita ce muryar tsarar da ta yi karatu ta haye, sannan ta juyo tana jin kunyar sautin 'ya'yanta. Ya ce ɗan ya bar ta a faifai ne domin duniya ta ji abin da yake fama da shi a gida.

Na nemi kuskure a wannan jimlar har na gaji. Tsarinta daidai ne. Ina tsoron ma'anarta ma haka.

Idan jimla ɗaya ce tak za ta rage daga abin da na taɓa faɗa wa yaron nan, ba wannan zan zaɓa ba. Na koya masa ɗaure takalmi. Na zauna da shi a asibiti da ya karye a hannu. Babu na'urar da ke kunne a waɗancan ranaku.

Talata, 30 ga Maris

Dewayne ya bugo. Yanzu shekararsa talatin da uku, yana da 'ya'ya biyu da ƙaramin ɗakin naɗar sauti a bayan shagon taya. Na san Odessa ce ta sa shi, ko da yake ta sunkuya kan ɗinkinta kamar ba ta ji wayar ba.

"Baba, ba zan hana ka ba, hakkinka ne. Amma asalin kaset ɗin yana wurina. Ka zo ka ji kafin ka sa hannu."

Na ce Juma'a da ƙarfe biyu.

Juma'a, 2 ga Afrilu

Zan rubuta wannan a jere, yadda ya faru.

Ya ba ni kujerarsa, ya tsaya. Ya ce abin da aka buga a faifai an yanke shi. Wannan kuwa shi ne abin da na'ura ta ɗauka ranar, har da abin da ya biyo baya. Ya matsa da kaset ɗin kusa da wurin. Kiɗa. Sai ni, daga nesa, da wata murya mai kaifi da ban san ina da ita ba. Sai kiɗan ya tsaya cak.

Muryar Dewayne ta lokacin, a tsorace: "Mun shiga uku. A sake daga farko."

Sai Alonzo. Ba waƙa yake yi ba, magana yake yi. Shekara tara da wata biyar ban ji yana magana ba.

"Kar ka taɓa! Mayar baya. Mayar, dalla! Ka ji inda ya faɗo? Kan ɗaya! Tsohon nan ya shigo daidai kan ɗaya, bai ma sani ba."

Dewayne ya tsayar ya yi mini bayani. A irin wannan kiɗan ana ƙirga bugu huɗu-huɗu, kuma na farkon shi ne mai nauyi, a kansa komai ke rataye. Suna ce masa ɗaya kawai. Ya ce kwana uku suka yi da wani gurbi a wurin, sun rasa abin da za su sa.

Ya so ya kashe a nan. Na ga hannunsa. Na ce ya bari ya ci gaba.

Abin da ya biyo baya shi ne ɗana yana kwaikwayona. Ya ƙanƙance murya, ya ja kalmomin ta hanci, "da ke aaaiki", su biyun suna dariya har wani ya ture kujera. Ya yi sau uku. Ya iya ni ƙwarai. Sannan, yana haki: "Ka taɓa jin sa yana karanta Latin ɗin nan nasa da ƙarfi? Mutumin nan kiɗa ne a bakinsa. In ka gaya masa sai ya kore ka daga gida."

Kaset ya ƙare. Dewayne yana kallon bango. Ya ce, "Ka yi haƙuri da tsakiyar, Baba. Yara ne mu."

Na ce ba komai. Na gode masa, na tambayi lafiyar iyalinsa. Ya ba ni kwafin waƙar a faifai. Na zauna a mota kamar minti ashirin kafin na tayar.

To, ya yi mini ba'a, wannan gaskiya ne. Ya kuma faɗi ɗayan. Duka a numfashi ɗaya. Marubucin shafi na goma sha ɗaya bai yi ƙarya ba, rabi kawai ya samu.

Asabar, 3 ga Afrilu

Odessa ta ce, "Yaya muryarsa?" Na ce yana da mura a ranar. Ta ce, "Ƙwarai, na tuna," ta shiga kicin ta daɗe.

Litinin, 5 ga Afrilu

Ba na karɓar da'awa ba tare da na bincika ba, ko ta waye. Da safe na sa faifan a ɗakin karatu, na ɗauki takarda da fensir, na auna shi yadda nake auna baitin Latin. Abin da Alonzo ya faɗa daidai ne. Gaɓar tsakiya ta sunansa, inda na danna murya, ta sauka a kan bugu na farko ba tare da ragi ba.

Na goge abin da na rubuta a gefen wasiƙar, na rubuta "a bari", na sa hannu, na kai gidan waya da kaina kafin sha biyu.

Na saurara sau huɗu domin tabbatarwa. Na biyar ba ni da hujjarsa.

A baiti na biyu, layi na goma sha ɗaya, ya jinkirta kalma ɗaya da rabin bugu, sannan ya cim ma kiɗan a layi na gaba. Da farko na sa alamar kuskure. Da na ga ya maimaita a na goma sha biyar, a daidai wurin, sai na goge alamar. Da gangan ya yi. Ban san ya iya wannan ba.

Ban kai ga auna baiti na uku ba tukuna. Yana buƙatar lokaci.