Malamar da Ta Koya wa Narae Maganar Mokpo

Mokpo, farkon kaka.

Zuwa ga ƙanena Man-seop,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata wannan takarda za ta same ka lafiya, kai da mai ɗakinka da yara a can Paraguay. Allah Ya sa albarka a shagon tufafi, Ya kawo sauƙin ciwon bayan nan da ka ce yana hana ka ɗaga dila. Mu nan kowa lafiya. Tae-gon ɗana ya gama aikin soja ya dawo, ba abin da yake yi sai barci da cin shinkafa, ubansa kuma yana nan yana fama da jirginsa na kamun kifi da tsadar mai. Umma jikinta ƙalau, kullum tana rumfarta a kasuwar kifi. Jikin ne kawai ƙalau, shi ya sa na zauna rubutu, don in na kira ka a waya faɗa zan yi ta yi har ka kashe.

Maganar 'yarka ce Narae, ko in ce Seo Ri-on, tunda sunan da kamfaninta ya raɗa mata ke nan. Kada ka ce ina baƙin ciki da ɗaukakarta. Tun tana tallan taliya ba a nuna komai nata sai hannu, har lokacin da ta fito a matsayin gawa a wani fim muka taru muna tafi don mun gane ƙafarta, ni ce mai bi rumfa-rumfa ina nuna wa mutane. Da ta shiga 'yan gajerun finafinan nan na waya, ni na koya wa Umma yadda ake latsawa. To yanzu ga shi ta zama babbar jaruma a shiri mai dogon zango, an sake shi a intanet rana ɗaya duniya ta ɗauka, har kai ka ce maƙwabtanka suna kallo da fassarar yarensu. Na san ka gani: a matsayin 'yar mai sayar da kifi a Mokpo ta fito, kuma na san ka ji abin da take ce wa masu saye, wai toshe hanci, buɗe baki, ɗan nema. Ka san bakin da wannan magana ta fito. Tun kafin a haife mu Umma take faɗin ta a kan hongeo ɗinta, ruɓaɓɓen kifin nan namu mai ɗoyi, da jan ƙarshen maganar nan nata da ɗaga gira, kuma a ƙarƙashin teburin rumfar tata ka ajiye mata Narae bayan rasuwar uwarta ka hau jirgi.

Da shirin ya fito Umma ta yi kwana da kwanaki ba ta taka ƙasa don murna. Kowa ya zo sai ta ce masa jikarta ce, wai dubi 'yar banza, har girar ta sace. Sai aka yi hira da Narae a talabijin, muka taru a shagon miyar Gwaggo Mal-sun muna kallo. Mai hirar ya tambaye ta yadda aka yi 'yar Seoul kamarta ta iya maganarmu ta kudu haka. Man-seop, da idona na ga 'yarka ta rufe baki da hannu tana dariya, ta ce ai ta sha wuya, wata malama aka ɗauko mata ta yi watanni tana koya mata, wai da farko ko gane abin da mutanen can ke faɗa ba ta yi. Mutanen can! Umma ta ajiye cokali ta ce bari ta je ta duba ƙanƙarar kifinta, alhali ita ta rufe rumfar da hannunta.

Na kira ta ban samu ba, sai wani manajanta mai murya kamar an shafa mata mai, wai Malama Ri-on tana wurin ɗaukar hoto. Na ce masa ni na wanke wa Malamar kashi, ya ba ta waya. Da ta karɓa, da maganar Seoul ta gaishe ni, lanƙwasa-lanƙwasa kamar mai karanta labarai. Wai in fahimce ta, kamfani ne ya rubuta cewa a Seoul aka haife ta tun tana neman shiga, yanzu in ta canza za a ce maƙaryaciya ce. Wai ban san intanet ba, in suka ji daga ina take, sunan kifin nan za su laƙaba mata kamar yadda suke zagin mutanenmu da shi, ga tallan turare tana shirin sa hannu. Na ce to ai kin ci ladan kuturu, sai ki yi masa aski, amma ba da aska a wuyan kakarki ba. Ta fashe da kuka, kuma abin haushi, da kukan ya ci ƙarfinta sai ga maganar gida ta dawo bakinta tsaf. Ban ce tsoronta ƙarya ba ne, na san zagin, na sha shi lokacin da nake aikin masaƙa a Incheon. Amma ni ban taɓa cewa ban gane maganar uwata ba. Bayan sati ɗaya sai ga mota ta kawo wa Umma kujerar tausa, ƙatuwa, ko ƙofa ta ƙi shiga. Tana nan a waje, kuliyoyi na kwana a kai.

Abin da ya ƙarasa ni shi ne na makon jiya. Yanzu samari da 'yan mata suna cika kasuwa daga Seoul don ganin inda shirin ya kwaikwaya. Wasu suka tsaya a rumfa, Umma ta manta ta yi musu kirarin nata. Sai suka kwashe da dariya suka ɗaga waya, wata mai jan gashi ta ce kai, Kaka ma tana kwaikwayon Ri-on, wai ta yi ƙoƙari amma ba ta kai ta ba, ta sake yi a ɗauka. Ba don mai rumfar kusa ta riƙe ni ba, da ruwan kifi na watsa musu. Tun ranar Umma ba ta ƙara kiran mai saye ba. Da yatsa take nuna farashi, ta naɗe kifi ta miƙa. Matar da ake jin muryarta tun daga bakin tashar jirgin ruwa, yau sai ka sunkuya kafin ka ji me ta ce.

Kai ma ba ka fita ba. Kana can kana tura hotunan 'yarka kana cika baki, ko sau ɗaya ba ka tambayi wanda ya yi wahalar ba. Kai ne ubanta, maganarka za ta fi tawa nauyi. Ba mu neman komai nata. Ka ce mata kafin bikin girbi na Chuseok ta buɗe baki a inda ta yi waccan magana, ta ce kakata ce ta koya mini. In ba za ta iya ba, ta zo da kanta ta durƙusa ta faɗa wa tsohuwar a cikin ɗaki. In ta ƙi duka biyun, ka gaya mata ni ba ta da gwaggo.

Ka gaishe mini da mai ɗakinka Hye-suk, da Jun-ho da ƙaramarsu Sol. Baban Tae-gon da Gwaggo Mal-sun suna gaishe ka. Na tambayi Umma ko tana da saƙo, ta ce a ce maka ka riƙa cin abinci. Har na ɗauki alƙalami sai ta riƙe mini hannu, ta ce in tambaye ka ko ka san inda malamar nan da Narae ta ambata a talabijin take. Wai tunda ta iya koya wa 'yar Seoul maganar Mokpo, ƙila za ta iya koya wa tsohuwa maganar Seoul, don ranar da yarinyar ta kira a gaban mutanenta, kada ta ba ta kunya. Ba wasa take ba, Man-seop.

Ka kira 'yarka.

Yayarka,
Jeom-rye