Takalmin Alkasim

Litinin, 8 ga Agusta, 1955
Ɗana Alkasim ya jawo mana abin kunya. Bai daɗe da dawowa hutu daga makarantar Midil ba, yau ya wuce ƙofar dagaci da takalmi a ƙafa, ya yi sallama a tsaye kamar sa'ansa. Mudi dogari ya kawo saƙo: Litinin ta sama ya je ya tuɓe takalmi, ya faɗi, ya zuba ƙasa a ka. In ya ƙi, magana ta tafi Kiru wurin hakimi, a cire shi daga makaranta. Ubansa na can asibitin Tudun Wada wurin aiki. Ni kaɗai ce.

Laraba, 10 ga Agusta
Na yi masa faɗa har muryata ta dishe. Ɗan da ba ya rusuna wa manya, duniya ce za ta rusunar da shi. Wai, "Inna, mutanen Girka ma ba su faɗi wa Sarkin Farisa ba." Na ce, "Su suka haife ka?" Na ƙwace littafin tarihin da ya lalata shi. Ni ma na zauna a aji, zan karanta in gano inda ya yi ƙarya.

Juma'a, 12 ga Agusta
Turancina ya yi tsatsa, amma yana tafiya. Sarkin Farisa ba ya fara aiko mayaƙa. Manzo yake aikowa ya ce a ba shi ƙasa da ruwa, alamar an bi. Garuruwa da yawa sun bayar, suka zauna lafiya. Masu hankali ke nan. Na nuna wa yaron wurin da yatsa.

Asabar, 13 ga Agusta
Ruwa tun hantsi. Ban tsince wake ba.

Talata, 16 ga Agusta
Ban taɓa ganin teku ba. Sun ce sarkin ya jera jiragen ruwa ya yi gada, mutanensa suka yi ta ƙetarewa dare da rana. Ina tankaɗe, sai na ga Kogin Kano cike da kwalekwale, raƙuma na takawa a kai. Sannan wata 'yar hanya tsakanin dutse da ruwa, inda mutane kaɗan suka tare dubbai. A idona duwatsun Doguwa ne, inda muke bi da kakata zuwa rugar Fulani sayen nono. Wai kafin yaƙin suna zaune suna taje gashi. Maza! Garin tuwon ya zube a ƙasa ban sani ba.

Duk an kashe su. Wannan ma na nuna masa.

Alhamis, 18 ga Agusta
Na samu abin da nake nema. Bayan zamani wani saurayi daga ɓangaren Girka ya ci Farisa da yaƙi, ya hau gadon, shi ma ya ce a riƙa faɗi masa. Na ce, "Ka gani? Kowa ya hau, faɗuwar yake so. 'Yan siyasar da kake saurare a kasuwar Bebeji ma haka za su yi." Sai ya ce, "To Inna, ashe laifin na masu faɗuwar ne." Na ce ya tashi ya ba tumaki ciyawa.

Asabar, 20 ga Agusta
Akwai wasu biyu da garinsu ya aika wa Sarkin Farisa don ya kashe su a madadin manzanninsa da aka kashe. Dogarai suka danna kawunansu ƙasa, suka ƙi. Suka ce mutuwa suka zo yi, faɗuwa kuwa ba al'adarsu ba ce. Ya sallame su. Littafin bai faɗi komai a kan uwayensu ba. Duk la'asar ina ganin wata mata a bakin rijiya, ta saki guga, tana kallon hanya. Ko me ta ce musu da za su fita?

Iska ta bi ta kan dawa, ganyen na ƙyalli kamar tsinin mashi. Astagfirullah, aiki na jirana.

Lahadi, 21 ga Agusta
Na wanke farar rigarsa, na buga ta. Na shirya maganar da zan yi masa gobe: karatunsa, wahalar ubansa, nonon da ya sha. Ba zai iya tsallake ta ba.

Litinin, 22 ga Agusta
Ya zo ƙofar ɗakina ya durƙusa har ƙasa, kamar kullum. "Inna, zan tafi." Ya jira. Na san abin da yake jira. Na ce hularsa ta karkace. Na ce ya yi magana a hankali, kada ya nuna wa babba yatsa, ya bi ta bayan masallaci saboda taɓo. Ya ce, "Shi ke nan?" Na ce, "Kana jiran rakiya ne?"

Maganar takalmi, mantawa na yi. Shekaru ne.

Azahar ta wuce bai dawo ba. Na ajiye masa tuwo. Bakin ƙofa ya fi iska, shi ya sa na kai tabarma can.