Kalmomi Uku da Na Manta Ban Kankare Ba

Landan, 14 ga Nuwamba, 1599

Zuwa ga yayata Lettice,

Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa, ina roƙon Allah Ya sa wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidanki Cuthbert da yara, Ya kuma sassauta muku sanyin Kendal na bana. Safar ulu da kika aiko ta iso, mun gode, Allah Ya saka da alheri. Matata Sibyl ta warware daga zazzaɓin da ya kwantar da ita, har ta koma wankin kayan 'yan wasa. 'Yarmu kuma haƙori ya fara fito mata, ta hana kowa sakat. Iyakar labarin daɗin ke nan, Yaya. Sauran na Baba ne, kuma ina roƙonki ki nemi wuri ki zauna kafin ki ci gaba.

Yau kwanan Baba tara a kurkuku, kuma ni na jefa shi. Kin tuna tsohon wasan nan na sarkin da manyan fadarsa suka taru suka tuɓe? Shi muka farfaɗo da shi, don jama'a sun dame mu da tambaya. Baba ne sarkin, to wa kuma? Shekara talatin yana sa kambi a dandamali. Ke ce ma kike tsokanarsa wai ya yi sarauta fiye da sau ɗari amma ba a taɓa barinsa ya mutu a kan gado ba, shi kuma ya ce ai mutanen Landan ba naɗin sarauta suke zuwa kallo ba, kukan sarki suke so su gani da idonsu. Na kai babban littafin wasan wurin mai duba wasanni kamar yadda doka ta ce. Ya karanta, ya ja layi a kan jawabin tuɓewar kaf, wai a irin wannan lokaci da Sarauniya ta tsufa babu magaji, ba wanda zai tsaya gaban jama'a ya koya musu yadda ake cire kambi. Ban yi musu ba, na ce to.

Kin daɗe da barin cikinmu, bari in tuna miki aikin. Ɗan wasa ba ya ganin littafi. Kowa naɗaɗɗiyar takardarsa nake rubuta masa, maganarsa kaɗai, sai kalmomi uku na ƙarshe na wanda zai yi magana kafinsa. Da ya ji ukun nan, sai ya ɗauka. Na kankare jawabin daga littafi, na kankare daga takardar Baba, na zaunar da shi na faɗa masa har sau uku, har ya hasala ya ce shi ba kurma ba ne. Amma takardar Osmund, wanda ke fitowa a basaraken da ke karɓe sarautar, sam ta fice min a rai. Layinsa na ƙarshe yana nan daram, mai ƙarewa da "lokaci ya yi". Aikin da bai fi a kankare da bakin wuƙa ba, Yaya, shi na manta.

Ranar Talatar makon jiya da rana gidan wasa ya cika maƙil, 'yan kallo na tsaye suna ta cin tuffa suna jifan juna da guntaye. Ina bayan labule da littafi a hannu sai na ji Osmund ya saki kalmomin nan. Baba yanzu sai ya manta inda ya ajiye takalminsa, amma jawabin da ya shekara goma yana yi ba a kansa yake ba, a jininsa yake. Ya ɗauka kamar tsohon doki ya ji hanyar gida. Ya cire kambin, ya dubi masu tuɓe shi, ya ce tunda hannayen da suka ɗora masa su ne suka zo saukewa, ashe aro aka ba shi, kuma wanda zai karɓa yau shi ma ya san aro ne. Ina ta raɗa masa, "Baba tsallake, Baba tsallake!" Ina, ko waiwaye. Sai aka ɓarke da ihu, wani ɗan banza a ƙasa har da cewa a kai wannan magana fada. Allah Ya sani ban taɓa ganin ya yi kyau a wasa kamar ranar ba, kuma wannan ne ya fi ci min rai. Bai gama wanke fentin fuskarsa ba masu kame suka shigo, aka tafi da shi, aka rufe mana gidan wasa.

Da na samu aka bar ni na gan shi, na kai masa burodi da cuku da bargo. Ɗakin sanyi ƙalau, ruwa na tsattsafowa ta bango, tarin nan nasa ya dawo. Na durƙusa na faɗa masa gaskiya ina kuka. Ya ce in tashi, tun a kan dandamali ya san aikina ne, don tun ina yaro ba a aikena in sayo abu uku in dawo da uku. Na ce gobe zan je in faɗa wa alƙali. Wayyo, ki ga faɗa! Ya ce da ni sakarai, shashasha, wai ban san mai furtawa da baki kunne ake yanke masa, mai rubutu kuwa hannu ba? Wai za su ce da gangan na bar layin, to da wane hannu zan ciyar da Sibyl da jaririya, da ƙafa zan riƙe alƙalami? Ya ce shi kunnensa biyu, kuma na hagun dama ya daɗe da daina aiki.

Ban ji maganarsa ba, na je. Na fara neman takardar Osmund don ita ce shaidata, ashe matsoracin ya jefa ta a murhu tun ranar, ya kuma rantse min bai taɓa ganinta ba. Tir da hali irin nasa. Haka na tsaya gaban alƙali hannu rabbana, na faɗi abin da na yi. Aka kawo Baba da sarƙa. Yaya, sai ya miƙe, ya gyara tsayuwa, ya sako muryar nan ta sarauta. Ya ce yaron nan tausayi ne ya sa shi ƙarya, kuma ko ƙaryar bai iya ba. Ya ce yana sane ya yi jawabin, don shi ne mafi kyawun abin da ya taɓa faɗa a rayuwarsa, kuma alƙalamin wani malamin duba bai isa ya ƙwace masa ba. Ina ihu ina cewa wasa yake muku, wasa ne, amma wa zai saurari mai riƙe littafi alhali sarki na magana? Dariya aka yi mini, aka tura ƙeyata waje.

An yanke hukunci. Ranar Juma'a za a sa shi a turu a tsakiyar kasuwa daga safe har rana ta take, a yanke masa kunne, kuma ba zai sake hawa dandamali a garin nan ba. Na san mai keken dokin da ke jigilar ulu sai ya yi mako biyu kafin ya iso ku, don haka lokacin da kike karanta wannan an riga an yi. Abin da nake roƙo shi ne ki gyara masa ɗakin nan na kusa da murhu. Da zarar ya iya zama a keke zan kawo shi da kaina, in tarin ya bar mana shi. In kin ga dama ki zage ni a bakin ƙofa, na cancanta, amma don Allah kada ki yi a gabansa.

Ki gai da Cuthbert, da yaranki Avis da Piers, da Gwaggo Dorcas in har tana gane mutane. Sibyl tana gaishe ku ƙwarai. Baba ya hana ni faɗa miki komai, ya ce in rubuta cewa yana nan lafiya, yana ta sarautarsa. To, ga shi na rubuta.

Ƙaninki,
Gervase